Rubutun da Ke Bayan Lasisi

Zuwa ga Yayata abar ƙaunata,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan kina lafiya. Ya karatun jinya, ya kuma ƙafar nan da kika ce tsayuwa na kumbura miki? Allah ya sawwaƙe. Mu nan lafiya lau muke.

Dalilin wasiƙata shi ne kantin abincin Umma na ofishin hukumar ruwa. Tsohon Sakatare ya yi ritaya. Kin san shi, duk shekara da baki Umma ke tuna masa, bayan kwana biyu a aiko mata da 'yar takardar sabuntawa ta soke a gefen firam ɗin lasisi. To sabon Sakatare ya liƙa sanarwa cewa lasisin zai ƙare ƙarshen watan gobe, duk mai son kantin ya nema.

Umma ta ce ita ba za ta roƙi abin da yake nata ba. Wai shekara goma sha ɗaya tana ciyar da su, har ta san wanda likita ya hana sukari da wanda matarsa ta hana. Amma ranar sau biyu ta zuba gishiri a miya.

Ran Asabar ina goge firam ɗin, ƙusar ta zame, gilashin ya tsage. Da na zaro takardar sai na ga ashe bayanta cike yake da ƙananan rubutu. Tun da Baba ya kai aka sa mata gilashi, babu wanda ya juya ta.

Sau uku na karanta. Sharaɗi na huɗu ya ce daɗewa ba ta ba mutum haƙƙin sabuntawa, hukuma na iya ba wani. Na shida kuma ya ce wanda ya nemi sabuntawa a rubuce, kwana talatin kafin ƙarewa, ba za a tashe shi ba sai kwamiti ya saurare shi, ya kuma ba shi amsa a rubuce. Na duba kalanda, Yaya, kwana uku suka rage mana. Da na fassara wa Umma, sai ta ce na shida ɗan halak ne, na huɗu kuwa bai da tarbiyya.

Na rubuta takardar kwafi biyu, Umma ta sa hannu. Ran Litinin ba ta iya barin tukwane ba, ni na kai bayan an tashi makaranta. Na daɗe tsaye bakin ƙofa, sai da matar da ke buga takardu ta tambaya ko an ɗauki Malama Shiru, wato ni, aikin gadi ne. Na roƙa a buga mana hatimi da kwanan wata a kwafinmu. An buga. Ki taya mu da addu'a.

Ƙanwarki,
Auta

Zuwa ga Yayata,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarki, na ji daɗi da kika ce ƙafar ta sace. Umma ta ce ki riƙa ɗora ta a kan matashi.

Jiya kwamiti ya zauna, mutum uku. Wasu biyu ma sun nemi kantin, ɗaya har da littafi mai hotunan abinci. Umma ta raɗa mini cewa hoto ba ya ƙosar da ma'aikaci.

Da aka kira mu, suka kawo ƙorafi biyu: magudanar bayan kicin tana toshewa, kuma masu taya Umma aiki ba su da katin lafiya. Na ga ta buɗe baki za ta fara lissafin shekaru, sai na taɓa mata gwiwa. Ta haɗiye, ta ce gaskiya ne, a ba ta mako biyu. Sakatare ya tambayi wane lauya ne ya rubuta mana takarda. Umma ta nuna ni, na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Ya ce da takardar ta makara, babu abin da zai tilasta musu su kira mu.

Yau amsa ta zo a rubuce. An sabunta na shekara ɗaya, bisa sharaɗin gyara abubuwan nan biyu. Umma ta ce shekara ɗayar ma da sharaɗi, kamar baƙuwa. Amma tana faɗa tana ƙara wa ɗan aiken da ya kawo amsar nama a faranti. Ni kuwa na riga na sa alama a watan da za mu sake nema.

Na ɗauka za ta yi mini faɗan gilashin da na fasa. Ɗazu ta aike ni wurin mai gilashi, ta ce in gaya masa wannan karon gaba da baya zai sa.

Ki huta lafiya.

Taki har kullum,
Auta