Majigin da Ya Kwance Kwaji

Digil, Mubi, 1971

Malam Bunu mai majigi,

Gaisuwa mai yawa, ya gajiyar hanya? Ni ce Miriyamu, wadda ta ba ka ruwa a filin makaranta. Godiya na kawo. Tun da wana Kwaji ya dawo daga yaƙi yana magana shi kaɗai, Baba ya sa masa mari a ƙafa. Majiginka na Faransa, ko kalma ba mu ji ba, amma mun ga mahaukacin da ke cikinsa a ɗaure, a ƙarshe ga shi yana gudu cikin gona yana dariya. Baba ya yi kuka. Da safe ya kira maƙeri.

Yanzu baffanninmu daga Michika sun ce a mayar da marin. Baba ya ce su kalli majigin tukuna. Don Allah ka dawo da shi. Ka huta lafiya.

Yola

Malama Miriyamu,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Saƙonki ya faranta mini rai, ya kuma ɗaga mini hankali. Ran nan motarmu ta kafe a mayo, wato rafi, ruwa ya wanke lambobin gwangwanayen fim, sai na sa na ƙarshe a farko. Malamin da ya ara mini fim ɗin ya sake rubuta lambobin, ya nuna mini daidai: da gudu a gona ake farawa, da ɗauri ake ƙarewa. In baffanninki suka ga haka fa? A gaida Baba.

Bunu

Digil

Malam Bunu,

Barka da aiki. Kai, ka cika tsoro! Na karanta wa Kwaji wasiƙarka a gindin tsamiya, ya yi dariya har da riƙe ciki. Wai tun ranar ya gane: a gona ƙafar mutumin sumul take, kuma wanda ya sha ɗauri ba ya rasa tabo. Ya ɗaga wando ya nuna mini nasa. Na ce me ya hana ka faɗa? Ya ce, "Miriyamu, ni mahaukaci ne?"

Jiya ya nome mana kunya shida ta gyaɗa. Baffanni Asabar za su iso, kuma sun aiko da sabon mari a gaba. Allah ya kawo ka lafiya.

Yola

Malama Miriyamu,

Ina gaisuwa. Na goge lambobin da malamin ya rubuta. Ina tafe Juma'a. Ki ce wa Kwaji ya zo ya miƙo mini gwangwanayen yadda ya ga dama.

Naku,
Bunu