Askar Baba a Ledar Asibiti

Litinin, 6 ga Mayu, 2024
Na dawo daga Katsina ƙafafuna sun kumbura suntum. Ciki wata bakwai, aka dasa mu a kujerar roba tun hantsi har La'asar, wai horo. Wani Anwar, dillalin kayan asibiti, da kwat a wannan zafin, shi ya cinye rabin yinin. Ledar rufe kayan aiki ya zo tallatawa: gefe ɗaya takarda, gefe ɗaya roba garai-garai, a sa reza ko almakashi, a liƙe, a dafa, ƙwayar cuta ba ta da ƙofar shiga sai ranar da aka ɓare. Shekara shida ina ɓare su a ɗakin haihuwa, yau shi zai koya mini! Sai jero mana manyan kamfanonin Amurka da Jamus da Sin yake, da yadda kasuwarsu ke haɓaka, sai ka ce a zauren gidansu aka kafa su. Na ce, in ledar ta jiƙe fa? Ya ce zai duba takardunsa. Mtsw.
Abin da na dawo da shi: kwali goma sha ɗaya na reza, hamsin-hamsin a kowane kwali, kowace a rufe cikin ledarta, in raba wa wanzaman ɓangarenmu a nan Daura. Cikinsu har da surukina.

Alhamis, 9 ga Mayu
Bari in rubuta sunansa tunda ba mai gani: Ɗantsoho. A baki Baba nake cewa, a durƙushe, ido a ƙasa. Uban mijina ne, kuma shi ne Sarkin Askan unguwa.
Yau suka taru a barandar asibiti, su goma sha ɗaya, kowa da zabira a hammata tana tashin warin tsohuwar fata. Na yi bayani dalla-dalla. Kai ɗaya, reza ɗaya. Ba a ɓare leda sai a gaban wanda za a yi wa aiki. In ta yage ko ta jiƙe, a yar. Na nuna musu yadda ake kama leɓɓan biyu a ja, ba da haƙori ba. Wani ya tambaye ni ko ledar za ta yi ajiyar goro. Allah ya ba ni haƙuri.
Baba na gaba, yana ta gyaɗa kai. “Madalla, 'yar nan. Madalla.” Na san wannan madallar. Ita yake yi wa mai wa'azin kasuwa.

Laraba, 15 ga Mayu
Wallahi Baba ya ƙure ni.
Na je gaishe shi da yamma. Na tarar da shi a tsakar gida yana ɗura irin kuɓewa a ledojina. Ledojin reza! Hamsin ɗin nan da na ba shi, ya ɓare su kaf a rana ɗaya, ya zube rezojin a zabira tare da ƙahon shan jini da tsumman da ban san shekarunsa ba. Har yana nuna mini, wai ledar tana da kyau, ana ganin iri ta ciki. An yi abu a wata uwa duniya, ya keto teku, ya iso Daura da tsabtarsa, ya ƙare a ma'ajiyar kuɓewa.
Na ce, “Sannu da aiki, Baba.” Me zan ce? Suruki ne.

Juma'a, 17 ga Mayu
Na faɗa wa mijina Suhaibu. Malamin makaranta guda, har yana koyar da kimiyya a Sandamu, amsar da ya ba ni: “Shi ya aske ni, ga ni da raina.”
Na ce to, ni abin da ke cikina ba za a aske shi da abin da ya kwana a zabirar nan ba. Ya ce in rufa masa asiri, maganar cire beli da ƙyar ya shawo kan Baba ya haƙura, kada in ƙaro wata. Kuma wai ɗan fari ne, bai ma kamata a ji bakina a kansa ba. Kunya. In yi shiru a zuba wa jaririna ciwon hanta, sai a yaba mini kunya.

Talata, 28 ga Mayu
An kawo jariri daga wajen garin Babban Mutum, kwana goma sha biyu, kai duk ƙuraje yana fitar da ruwa. Askin suna. Uwar ba ta ko san sunan wanzamin ba. Ina wanke kan, nawa yana motsi a ciki.

Asabar, 1 ga Yuni
Na gaya wa Suhaibu na yanke: ni zan aske ɗana da hannuna, da reza a rufe. Ya zauna bakin gado ya ce, “Zulfa, kin san abin da kike faɗa? Jikokinsa goma sha tara, duk shi ya aske. Ranar suna duk wanzaman gari za su zo. In aka ji an ƙi hannunsa a gidan ɗansa, wa zai ƙara miƙa masa kai?”
Na ce ya je ya koyi wata sana'ar. Na san ban kyauta ba, mutum mai shekara saba'in. Amma na faɗa.

Litinin, 3 ga Yuni
Kwana biyu ba ya yi mini magana sai gaisuwa. Oho.

Alhamis, 13 ga Yuni
Baba ya zo asibiti da ƙafarsa. Na ɗauka Suhaibu ne ya kai ƙarata. Na durƙusa da wannan cikin, abokiyar aikina Rahmatu tana ta danne dariya.
Ashe kaya ya maido. Ya kwance tsumma a kan teburina, reza bakwai. “Waɗannan ki mayar wa masu su, ba su da baki. Ja suke, ba yanka ba.”
Na ce, Baba, ya aka yi ka sani? Sai ya naɗe hannun riga. Damtsensa na hagu har zuwa wuyan hannu ba gashi ko ƙwaya, wasu wuraren da ɗan kurji. Ɗaya bayan ɗaya ya gwada hamsin ɗin a jikinsa. Ya ce, “Ƙarfen da ban ji shi a fatata ba, ba na ɗora shi a kan ɗan mutane. Haka na tarar, haka ubana ya yi.”
Na ce ai gwadawar ita ce ɓarnar, abin da ke jininka shi za ka kai wa yaro. Ban san lokacin da maganar ta fito ba, a gaban mutane. Ya dube ni ya ce, “To ke kin yarda da ledar, ni na yarda da hannuna.” Ya ɗauki zabirarsa ya fita.
Taurin kai, tsantsarsa.

Juma'a, 14 ga Yuni
Don in ƙaryata shi kawai na ari gilashin ƙara girma a ɗakin gwaji. Biyar daga cikin bakwai ɗin bakinsu da tsage, siriri, ido ba ya gani.
Na kira Anwar. Wai kamfanin na duniya ne, ba ya kuskure, ƙila wajen ajiyarmu ne. Reza a rufe cikin leda, wajen ajiya ya shiga ya tsage mata baki? Na kashe wayar kafin in zage shi. Wannan ko farcensa ba na jin ya iya yankewa.
Abin da ya fi ba ni haushi, da irin waɗannan na yi niyyar aske jaririna. Ni da ban taɓa aske ko kan 'yar tsana ba.

Laraba, 19 ga Yuni
Hutun Sallah ya ƙare, na koma aiki da ƙyar. Ina jera almakasai a tukunyar tururi da muke dafa kayan aiki, kowanne a sabuwar ledarsa, sai abin ya faɗo mini. Askar Baba ta gado ƙarfe ce zalla, ba itace ba roba. Almakashin nan ma ƙarfe ne.
A'a. Tukunyar asibiti ba ta tarkacen zabira ba ce.

Lahadi, 23 ga Yuni
Na je wajen Baba. Ban gaya wa Suhaibu ba, in na jira shi sai yaron ya yi haƙora.
Na durƙusa nesa da tabarmarsa na yi gaisuwa har ta ƙare, na rasa ta inda zan fara. Shi ma ya ƙi taimakona, yana ta jan carbi. Can na ce, Baba, alfarma na zo nema. Ka zaɓi askar da za ka yi wa abin da za a haifa aiki da ita, ka wasa, ka gwada yadda ka saba. Sai ka ba ni in wanke, in dafa, in rufe a leda. Ranar suna a ɓare a gabanka. Amma daga nan ba gwaji.
Ya ajiye carbin ya dube ni. “Dafawar ba ta kashe baki?” Na ce ba ta kashewa. “Kin tabbata, ko a takarda kika gani?” Na ce da hannuna nake yi kullum.
Ya ciro wata baƙa, siririya don tsufa, ya wasa a dutse, ya goga a fata, ya ɗan ja a bayan hannunsa. Ya miƙo mini da hannu biyu. “Ta kakana ce. Ba ta taɓa kwana a wani gida ba.”
Duk wannan biki a kan guntun ƙarfe. Na naɗe ta a mayafina na taho.

Litinin, 24 ga Yuni
Sau uku na wanke ta da buroshi. Abin da ya fito daga gindinta ba zan rubuta ba. Na sa a leda, na liƙe, na dafa. Layin da ke jikin takardar ya sauya launi yadda ake so. Rahmatu ta ce, “Lallai, yau wanzamai sun shigo tiyata.” Na ce ta kama gabanta.
Askar tana cikin gwangwanin madara a saman durowa, saboda damshin damina. Daga yau na fara hutun haihuwa.

Alhamis, 4 ga Yuli
Mace. Da hantsi. Alhamdu lillahi. Gashi cunkus, baƙi wuluk.

Alhamis, 11 ga Yuli
Zaituna aka sa mata.
Gwaggo Shatu, da ta zo yi mini wankan jego, ta ce maijego ba ta fita wurin aski, balle a kan 'yar fari. Na ce Gwaggo, ba uwa ce za ta fita ba, ma'aikaciya ce. Na ja mayafi na ɗauki gwangwanina. Tana ta salati a bayana.
Wanzamai sun cika tsakar gida, Suhaibu ya rasa inda zai sa idonsa. Na zuba wa Baba ruwa ya wanke hannu da sabulu, bai yi musu ba. Na durƙusa na kama leɓɓan ledar na buɗe, na miƙa masa yadda nake miƙa wa likita. Ya ɗauka. Sai na ga hannun ya nufi damtsensa da kansa. Askar ta kai kusa da fata, ya tsayar da ita, ya yi bisimilla, ya juya ga yarinyar.
Na tsaya a kansa ina neman kuskure, Allah ya sani nema nake. Ya tallabe ƙeyarta da yatsu uku, gashin yana zuba a ƙwarya. Ko ɗigon jini babu. Ba ta ma farka ba.
Da ya gama wani tsoho a cikinsu ya ce, Sarki, mu fa namu askaken? Baba ya ce su tambayi Likita. Ni ke nan. Ban taɓa jin ya kira ni haka ba, kuma ban san ko ba'a yake yi ba.
Na ce in na koma aiki su riƙa kawowa ranar Laraba, a wanke, kowa ya san tasa. Tukunyar dama rabinta a wofi take tashi, shi ke nan dalilin. Har yanzu zabirar nan wari take.
Tun ɗazu nake shafa kan yarinyar. Sumul.