Yaya, Turancinka Ya Cinye Muryar Inna

Zuwa ga Yayana Malam Habu, Haɗeja.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa irin ta ƙani ga wansa, ina fatan ruwan bana bai cinye muku shinkafa ba. Kaset ɗin da ka aiko ya iso ni nan Ingila, tare da bandar kifin Guri. Kifin kam na gode. Kaset ɗin ne ya sa na ɗauki biro.

Yaya, ka san rabona da muryar Inna. Na dawo daga wankin motoci, ko takalmi ban cire ba na danna rikoda. Sai kai. Ka yi gyaran murya, ka shiga jero kalmomi daga tsohon ƙamus ɗinka, wai in tambayo Turawa yadda ake furta su. Gefen farko kai, na biyu kai. Can ƙarshe ka ce a matso da Inna. Ta ce, "Sale, kana cin abinci kuwa? Ni dai ƙafar nan tawa..." Ƙat! Zare ya ƙare.

Ƙafar ta yi me? Tun ranar nake ta maimaita wurin.

Ba yau ka fara ba. Lokacin kana koyarwa a garin Malam Madori, in ka zo hutu dokarka ɗaya ce: ba kalma, ba koko. Ina tsaye da kwano, ƙosai na hucewa, kana sa ni nanata borborygmus, wai kukan ciki ke nan. Inna takan leƙo daga madafa ta ce, "Habu, bar shi ya ci, Turancin ai ba ya hucewa."

Ba zan ci haƙƙinka ba, da horon nan na ci jarrabawa har na ƙetaro. Amma na kunna wa wani tsohon Bature maƙwabcina kaset ɗinka, ya saurara, ya ce ko sunayen magunguna ne? Ɗaya tak ya gane, defenestration, wato wurgo mutum ta taga. Allah ya taimake ka ranar ba ka kusa.

Tsohon ya ji tausayinka, ya je laburare ya binciko sauran, ya karanta su da bakinsa na ɗauka a kaset. Suna nan cikin akwatina.

Ga sabon kaset na aiko, babu komai a ciki. Ka ajiye rikoda gaban Inna, ka danna jan maɓalli, ka fita ƙofar gida. Ta faɗi zancen ƙafar, ta faɗi wanda ya haihu da wanda ya rasu, ko tari ta yi a bar min. Ranar da muryarta ta iso, ranar kaset ɗin Baturenka zai kama hanya.

Allah ya ba Inna lafiya, ya ja kwananta har in dawo. Kai ma ya saka maka da alheri, Yaya, har da na kokon.

Ƙaninka,
Sale.