Manhajar da Ta Ce Lafiyarka Ƙalau

Azare,
Bayan fitata daga takaba.

Zuwa gare ka Malam,

Assalamu alaikum. Gaisuwa irin wadda na saba yi maka in ka dawo daga kasuwa, rigarka tana ƙanshin hayaƙin banda. Na san wannan takarda ba za ta same ka ba. Babu direban da zan ba wa ita a tasha, kai kuma ka wuce inda ake karanta wasiƙa. Amma akwai magana a cikina wadda in na faɗa wa masu rai za su ce ina ƙorafi da mamaci, in na haɗiye ta kuma tana hana ni cin abinci. Don haka kai zan gaya wa, tunda ta hannunka ta shigo gidan nan.

Yara suna lafiya. Zara ta shiga ƙaramar sakandare. Abba har yanzu in ya ji ƙarar babur a ƙofar gida sai ya leƙa. Auta ya fara tafiya, yana bin bango. Rumfarka ta kifi abokinka Malam Isa ne yake riƙe da ita, kuma yana riƙon amana. Kwalayen banda suna zuwa daga Katagum kamar da, sai dai bana ruwan kogi ya ja da wuri, kifi ya yi tsada. Ni ma na koma koyarwa a firamaren unguwa.

To, ga abin da ya sa na ɗauki biro.

Da na fita takaba aka kira ni Katagum, gidanku, don a yi maganar gado. Yayanka Alhaji Modu ne ya jagoranci zaman, Hajja mahaifiyarku tana gefe a kan dardumarta da carbi. Ashe kafin ka kwanta ciwo ka gaya wa Yaya Alhaji abin da ke cikin asusunka na banki, kuɗin da ka tara za ka ba masunta kafin kaka. Aka karɓi katinka a hannuna, aka kai wajen mai POS a bakin kasuwa, aka duba. Kuɗi ya ragu. Ragin da ba za a ce cajin banki ba ne, don zai ciyar da gidan nan wata da watanni.

Malam, ka san abin da yayanka ya yi? A gaban ƙannenka da matansu ya juyo ya dube ni, ya tambayi wanda kati yake hannunsa tun ranar jana'iza. Ya ce shi ba ya zargin kowa, amma kowa ya sani mai cin dukiyar maraya wuta yake zuba wa cikinsa. Ni yake karanta wa wannan. Marayun nan su wane ne? Ba ni na haife su ba? Ba ni na sayar da 'yan kunnena ina cikin takaba don kada in taɓa sisin kwabonka kafin a raba ba? Na tashi na bar wurin. Haka na shigo motar Azare ina share hawaye da bakin mayafi, wata mata a gefena tana ta ba ni haƙuri ba ta ma san a kan me ba.

Da na iso gida na tuna da wayarka. Tun ranar da aka ɗauke ka na kashe ta na jefa a ƙasan akwati, don ba na iya kallonta. Na kai ta caji, na kunna. Saƙonnin banki suka dinga shigowa kamar an buɗe famfo. An cire, an cire, an cire. Duk mako, rana ɗaya, suna ɗaya da Turanci. Ranar sadakar ukunka an cire. Makon arba'in an cire. Kuma da yake da kuɗin waje suke lissafi, abin sai ƙaruwa yake yi.

Na dubi sunan da kyau. Na gane shi. Manhajar nan ce mai hoton jar zuciya, wadda kake ɗora ɗan yatsa a kan kyamarar waya wai tana auna maka hawan jini.

Ka tuna ranar da ka kawo ta gida? Murna kake yi kamar ka tsinci kuɗi. Ka ce a talla ka gan ta, kyauta ce, daga yau ka huta da layin asibiti da kuɗin awo a kemis. Kyautar ta 'yan kwanaki ce, Malam. A ƙasa, da rubutu ƙanana kamar ƙwayar gero, sun rubuta cewa in kwanakin gwaji suka ƙare ba ka soke ba, za su fara cira duk mako har illa ma sha Allahu. Kai kuma ka ba su lambar katinka da hannunka, don sun ce ba za a cire komai ba. Kai da ba a taɓa cutarka da ruɓaɓɓen kifi ko ɗaya a ƙasan kwali ba. Kai da kake zazzage kaya har ƙasa kafin ka biya. Yaya aka yi wannan ya wuce ka?

Nan take na danne ta na goge ta daga wayar. Na ce shi ke nan, na kashe maciji. Mako ya zagayo, sai ga saƙo, an sake cira.

Na tafi banki. Yarinyar da ke kan teburin ta saurare ni da mutunci, ta yi mini ta'aziyya, sannan ta ce wannan ba daga wajensu ba ne, mai kati ne ya ba da izini. Na ce mai katin yana maƙabarta. Ta ce za su toshe katin su rufe asusun har sai an kawo takardar kotu, amma abin da ya riga ya fita ba su da hanyar dawo da shi. Ka ji fa. Matarka da 'ya'yanka sai da takardar kotu za su taɓa kuɗinka, amma wasu da ba su san ko a ina Azare take ba sun yi watanni suna ɗiba babu mai tambayarsu ko katin shaida.

Maman Dauda ce ta fitar da ni, maƙwabciyarmu Rifkatu ta sakatariyar ƙaramar hukuma. Ta shigo da yamma ta same ni zaune da wayar a cinya, na ba ta labari. Ta ce ita ma an taɓa yi mata haka da wata manhajar gyara hoto. Ta ce goge manhaja ba ya soke komai, tamkar ka rufe shagon haya ne ka tafi da makulli ba ka sallami mai shago ba, kuɗin haya yana nan yana hawa. Ta ce ko da an toshe kati gara a soke rajistar tun daga tushe. Ta zauna kusa da ni muka shiga rumbun da ake sauke manhajoji, ta danna hotonka da ke sama, wanda ka ɗauka da hular nan ta sallah, muka shiga wajen biyan kuɗi da rajista. Ga ta nan zaune daram, har da ranar da za ta sake cira.

Kafin mu soke na ce ta dakata. Na ce ta sake sauke mini ita, ina so in ga wani abu da idona. Na ɗora yatsana, ta yi ɗan lissafinta, layi yana hawa yana sauka, ta ce jinina daidai. Maman Dauda, wadda shekara da shekaru take shan maganin hawan jini, kuma ran nan ƙafafunta a kumbure suke, ta ɗora nata. Daidai. Na tashi na shiga kicin na ɗauko tumatir guda na ɗora a kan kyamarar.

Malam, tumatir ma lafiyarsa ƙalau. Jininsa daidai, bugun zuciyarsa daidai.

Maman Dauda ta fara dariya, da ta dubi fuskata sai ta daina ta riƙe hannuna.

Wannan abin ne ya hana ka komawa asibiti. Wannan ne kake miƙo mini duk lokacin da na ce idonka ya yi ja, ko na ga kana dafe ƙeya. Sai ka ce duba da kanki, Hauwa, kore ne, ba ja ba. Maganin da likita ya rubuta maka ka bar rabinsa a kan taga har ya lalace. Da safiyar ranar da ka faɗi a rumfa, ɓarin jikinka ya shanye, bakinka ya karkace, sai da ka auna a gabana kana shan koko. Ta ce ƙalau kake.

Na san ajali ba ya wuce lokacinsa. Na yi imani da haka, kuma da shi nake kwana nake tashi. Amma imani da ƙaddara bai hana a kira maƙaryaci da sunansa ba. Wani mutum ne ya zauna ya ƙera wannan abu, ya san sarai ba ya auna komai, ya sa masa jar zuciya, ya tura shi wayoyin mutane irinka. Yana da uwa? Yana da 'ya'ya? Yana iya barci?

Soke ta ma sai da suka ja mana rai. Muka danna soke, suka tambaya ko mun tabbata. Muka ce e, suka ce to ga ragin rabin kuɗi in za mu zauna. Muka ƙi, suka ce za su yi kewarka, har da hoton fuska mai hawaye. Sannan suka jero dalilai wai mu zaɓi abin da ya sa za ka tafi: ko ta yi tsada, ko ka sami wata, ko ba ka yawan amfani da ita. Na duba daga sama har ƙasa, babu inda aka rubuta ya mutu. A ɗan filin da suka bari na rubuta musu da Hausa, ko za su iya karantawa ko ba za su iya ba. Sai da muka ga an rubuta an soke, muka ɗauki hoton shafin, sannan na bar Maman Dauda ta sake goge ta. Ta cika mini fom na neman a dawo da kuɗi. Na mako ɗaya suka dawo da shi. Sauran wai lokacin ƙorafi ya wuce.

Na koma Katagum da wayar da tumatir a jaka. Na sa aka tara duk waɗanda suke wurin ranar farko, ban yarda a rage ko mutum ɗaya ba. Na nuna musu saƙonnin, na nuna musu hoton sokewa. Ƙaninka ya sauke manhajar a wayarsa, na hana shi sa kati, muka auna tumatir a gaban kowa. Yaya Alhaji ya sunkuyar da kai ya ce ai dama shi bai ambaci sunan kowa ba. Iyakar abin da ya ce ke nan. Hajja ce ta ajiye carbi ta ce masa a gaban mutane ya ɓata ni, a gaban mutane zai wanke ni, in ba haka ba kada ya sake shigo mata ɗaki. Ya ba ni haƙuri, murya can ƙasa. Na ce na yafe, saboda Hajja da kuma yara. Amma ba zan ɓoye maka ba, har yau in na ji sallamarsa sai ƙirjina ya yi nauyi.

Akwai abin da ban gaya wa kowa ba. Fushin da nake yi da masu manhaja da wanda nake yi da yayanka, in aka haɗa su, ba su kai wanda nake yi da kai ba. Sama da shekara goma muna tare, ni nake ganin fuskarka kafin kowa da safe, ni na san yadda numfashinka yake in kana lafiya. Na ce maka ba ka da lafiya, waya ta ce kana da ita, ka zaɓi waya. Me ya sa maganata ta fi ta gilashi arha a wajenka? In na yi sallah ina roƙa maka gafara da zuciya ɗaya, in na shafa kuma sai in ji kamar in kama ka in girgiza. Ban san ko haka sauran mata suke ji ba, babu wadda take faɗa.

Malam Isa ya gaya mini wani abu da ya ƙara tayar mini da hankali. Ashe a kasuwa kai ne likitan layin 'yan kifi. Kowa ya ji jiri sai ya zo rumfarka ka auna shi, har ka sauke wa wasu a wayoyinsu. Ranar kasuwa na sa hijabina na je layin da kaina, abin da ban taɓa yi ba kana raye. Na bi su rumfa rumfa. Na sami waɗanda ake cire musu kuɗi suna ta zagin banki, muka soke. Na ce duk wanda ka taɓa aunawa ya je asibiti a ɗaura masa abin awo na gaskiya a damtse. Wasu sun yi mini kallon matar da rashin miji ya taɓa wa kai. Malam Isa ya je. Ma'aikaciyar jinyar da ta auna shi ba ta bar shi ya hau babur ya dawo ba, sai da aka kwantar da shi aka ba shi magani. Yanzu yana rumfa, ƙwayoyinsa suna aljihun gaba, matarsa kuma ta aiko mini da tarwaɗa cike da kwano.

Na so a ce kai ne aka tsare a asibitin nan kana mita.

Allah Ya jiƙanka, Ya yafe maka, Ya sa kabarinka ya fi gidan nan sanyi. Fushin zai wuce, na sani, amma ka ba ni lokaci. Sai mun zo.

Matarka, wadda ta gaya maka gaskiya,
Hauwa'u.