A Maido Mini Da Kaye Bakwai Na Malam Issufu

Zuwa ga Shugaban gidan wasan kwaikwayon nan na Paris da ya karɓi rubutun mijina,

Ranka ya daɗe, ina gaishe ka da iyali da abokan aiki. Sunana Rabi, matar marigayi Malam Issufu, mai sayar da atamfa a La Guillotière, nan Lyon. Sau huɗu ina rubuto maka a asirce ban ji ko tari ba, shi ya sa yau na fito fili.

Na ɗaya. Ka san littafin nan na Ostiraliya da aka taɓa haramtawa don ya tona asirin wani ƙaramin gari, wanda kuka mayar wasan kwaikwayo. Malam ya ce mutanen ciki sak na garinmu ne a Damagaram: kowa ya san sirrin maƙwabcinsa, amma in an haɗu sai gaisuwa. Shekara shida yana mayar da shi Hausa da hannunsa, a bayan kanti, cikin kaye bakwai, wato littattafan rubutu na 'yan makaranta. Duk wanda ya cika sai ya karanta mini muna karin kumallo, ni kuwa ina yi masa tsiya, wai ya bar atamfa ya koma tsegumin Turawa.

Na biyu. Da ya je kallon wasanku ka karɓe shi hannu biyu, ka ce kana so a karanta labarin da harsunan Afirka, ya kawo nasa. Na ce ya yi fotokwafi, ya ƙi. A wurinsa ba a miƙa wa babban mutum kwafi a riƙe na ainihi. Takardar shaida ma bai nema ba, don kunyar wanda ya ba shi kujera da kofi. Kuskure ne, na yarda, amma girmama ka ya yi.

Na uku. Kaye na bakwai ana gobe zai tafi Paris ya kai maka su ya gama shi, ya ce sai an maido zai karanta mini. Wata huɗu bayan haka ya rasu. Har a gadon asibiti yana tambaya ko an kira daga Paris.

Na huɗu. Bayan na fita takaba na hau jirgin ƙasa na zo da kaina. Sakatariyarka ta ce kun sake ofis, takardun da ba a gane harshensu ba suna cikin kwalaye a ɗakin ajiya, ba mai lokacin dubawa. A tashar jirgi na zauna na yi kuka.

Ba na neman a sa sunansa a allo. Roƙona biyu ne. Ka ba ni wuni ɗaya a ɗakin nan, ni na san kayen nan: bangonsu shuɗi ne, na uku yana da tabon shayin da na zubar. In kuwa an jefar da su, ka faɗa mini in daina jira.

'Yarmu ta sayo mini littafin na Faransanci don in san ƙarshen labarin. Yana nan cikin ledarsa, ban buɗe ba. Kaye shida na ji daga bakin Malam, kuma ya bar mini na bakwai da rubutun hannunsa a wurinka.

Allah Ya ƙara maka lafiya, Ya sa a riƙe maka taka amanar bayan ranka.

Wassalam.

Rabi, matar marigayi Malam Issufu,
La Guillotière, Lyon.