Ranar da Zumuntar Mata Suka Je Kotu

Nok, ranar Lahadi

Yaya Caroline,

Gaisuwa cikin sunan Ubangijinmu Yesu. Ina fata kina lafiya, ke da Yaya Jason da jaririya. Muna nan ƙalau, sai ƙafar Baba da har yanzu ba ta warke ba.

Mama ta ce kada in tayar miki da hankali, amma na kasa yin shiru. Kin san gonar cittar da Baba yake shari'a a kanta da ƙanensa Baba Gershon. Kotu ta ce kada ɗayansu ya shiga, ko ya aika wani, sai an yanke hukunci. Umarnin ya zo ne bayan kowa ya shuka ɓangarensa, ba a kai ga rufe shukar da ganye ba. Da Zumuntar Mata ta cocinmu suka ji Baba yana kwance, sai suka yi abin da suka saba yi wa marasa lafiya: suka yanko ganye, suka rufe cittar don kada rana ta ƙona irin. Ba su tambayi kowa ba. Mu ma waƙarsu muka jiyo daga nesa.

Yanzu lauyan Baba Gershon ya ce Baba ne ya aike su, wai ya raina kotu. An ce ana iya kai shi gidan yari. Yaya, mutumin da sai an riƙe shi yake kaiwa bakin ƙofa. A aji ba na jin abin da malami yake faɗa. Ki sa mu a addu'a ranar Talata, ranar za a shiga kotu.

Ƙanwarki,
Keziya

Nok, ranar Laraba

Yaya Caroline,

Ina gaishe ki da murna. Yaya jikin jaririya? Baba a gida ya kwana!

Matan sun ɗauki mota har Kafanchan, dukansu da zanen zumunta, suka cika kujerun kotu. Ni a can baya na maƙale. Mai shari'ar mace ce, ba ta dariya.

Shugabarsu, Mama Hephzibah, ta ba da shaida. Lauyan Baba Gershon ya tambaye ta wanda ya aike su. Ta kira shi ɗanta, ta ce tun kafin a yaye shi suke rufe cittar marasa lafiya ba tare da aike ba, kuma in za a rufe wani, a nemo ɗakin da zai ɗauke su duka, su ba sa kwana a rabe. Ya matsa mata ta faɗi wanda ya nuna musu gonar. Kafin ta amsa, Mama Mildred, matar Baba Gershon, ta miƙe ta ce ita ce, kuma duka gonar suka rufe, har ta mijinta, domin rana ba ta san iyaka ba. Baba Gershon ya sunkuyar da kai.

Mai shari'a ta ce lallai an taka umarninta, kuma ta ja musu kunne sosai. Amma ta ce hukunta raini ko yafewa a hannunta yake, ita kuwa ba ta ga raini ba. Ta sallami Baba. Da lauyanmu ya roƙa, ta sake duba umarnin, ta ce kowa ya kula da abin da ya shuka har a gama shari'a.

Tun a matakalar kotu matan suka ɗaga waƙa, Mama Mildred ce ma take bayarwa. Yaya, ni da ko a cikin mawaƙan coci ba a jin muryata, ban san lokacin da na shiga rawa ba.

Baba yana gaishe ki. Ya ce gobe ko a kan babur sai an kai shi ya ga cittarsa.

Taki har kullum,
Keziya