Inna, da Sunanki Yaya Sani Ya Bar Shan Magani

Zuwa ga mahaifiyata, Inna Hassu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa irin ta ɗiya ga uwarta, da fatan Allah ya sa kina cikin ni'ima a makwancinki, na zauna rubuta miki wannan ne don raina a ɓace yake, kuma duk faɗin Dakoro ban ga wanda zan kai wa ƙarar Yaya Sani ba sai ke. Na san ba ki son a fitar da zancen gida waje. Ki yi haƙuri, wannan karon zan ajiye shi inda jama'a za su gani, don ba gidanmu kaɗai abin ya shiga ba.

Zancen mastaki ne, Inna.

Kin tuna ɗan gwangwanin da kike ɓoyewa ƙarƙashin zannuwanki, wanda Kawu Ilu ya kawo miki tsaraba daga Makka? 'Yan ƙwayoyin ƙaro ne a ciki, fari-fari da ɗan rawaya. Kin ce mana wani itace ke zubo shi can bakin teku, gaba da Makka ma, ba ya fitowa a ƙasarmu. In aka jefa ɗaya a baki sai ya fara rugurgujewa da ɗan ɗaci, can kuma ya haɗe ya yi fari kamar cingam, ƙamshinsa ya cika baki.

Da shi kike turara randa. Ki sa garwashi a kasko, ki jefa ƙwaya ɗaya, ki kife randar a kai. Baƙo ya sha ruwanmu sai ya ɗago kai ya sake kallon moɗa. In dasashina ya yi tsami, ki ba ni in tauna. In Baba ya cika cikinsa da shinkafa da wake ya shiga gyatsa, ki daka masa kaɗan da sukari. Amma ban taɓa jin kin ɗora wa ƙaron nan abin da ya fi ƙarfinsa ba. Kullum abin da kike cewa shi ne, “Wanga na kumburin ciki ne da warin baki. Ciwon da ya kwana ya tashi da mutum, likita za a tai da shi.” Kuma kina tafiyar. Ni kika goya har can lokacin da masassara ta ƙi sakina, gwangwaninki yana nan a ɗaki ba ki taɓa shi ba.

To ga abin da ɗanki na fari ya yi da wannan.

Kin san shi da halinsa. Yana nan yana dillanci a kasuwar dabbobi. Ya fita ba kari, ya wuni kan shayi mai ɗaci da goro, in baya ya riƙe shi ya sayi ƙwayoyi wajen masu yawo da faranti ya haɗiye. Bara ciki ya fara ƙone shi. Da ƙyar ni da matarsa Hajara muka tura shi Maraɗi. Likita ya ce gyambon ciki ne, ya rubuta masa magani, ya ce ya shanye duka sannan ya koma a sake dubawa. Ya fara sha, ya fara jin daɗi, har ƙiba ta ɗan dawo masa.

Sai ga wani mutum ya kafa tebur kusa da tasha da lasifika. Muryarsa kuma ta shiga wayar salular kowa, ana ta tura wa juna. Wai mastaki ne daga ƙasa mai tsarki, yana kashe gyambon ciki, da ciwon suga, da hawan jini, da ciwon ƙoda, har da rashin haihuwa. Ƙaro ɗaya, Inna! Ƙaron da kike gyara ruwan sha da shi.

Yaya ya saya, ya tura maganin likita bayan akwati. Da na yi magana sai ya ce, “Na nasara kwantar da ciwo kawai yake yi, wanga shi ke tumɓuke shi. Ke da kika tashi gaban Inna, ke za ki ce mani mastaki ba magani ba ne?”

Nan ne abin ya ci mini rai. Da ya ce ra'ayinsa ne, da na san yadda zan yi da shi. Amma ya ɗauko ki ya tare ƙofa da ke, kuma ba ki nan balle ki ce masa ba haka kika faɗa ba.

Na karɓi ƙwaya ɗaya na tauna. Ta manne mini a haƙori, ta narke, ba ta haɗe ba. Na jefa wata a kofin ruwa, kafin mu gama sallar la'asar ta zama yauƙi. Naki bai taɓa narkewa a ruwa ba. Ƙaron daƙwara ne, Inna, irin wanda muke ɓamɓarowa a hanyar Ɗan Gulbi muna yara, an fesa masa turare. Na kai masa kofin har gabansa. Ya leƙa, ya ce, “Ai narkewar ita ce alamar mai kyau, haka mai shi ya ce.” Na ce ko da na gaskiyan ne, ba zai tsaya a madadin abin da likita ya ba shi ba. Ya ce lakkol, wato karatun boko, ta lalata ni.

Daga baya ne Hajara ta gaya mini bayan gidansa ya jima da komawa baƙi kamar gawayi, jiri yana ɗibarsa in ya miƙe. Ya hana ta faɗa mini. Ya koma wajen mai teburin, aka ce masa cutar ce take fita, ya ƙara saye.

Ranar kasuwa, rana tsaka, yana riƙe da igiyar wani bijimi ana ciniki, ya durƙushe ya yi aman jini. Wani Bafillace da suka daɗe suna hulɗa shi ya ɗora shi a amalanke ya kai shi likita. Na isa na tarar an sa masa ƙarin ruwa, leɓɓansa sun yi fari fat. Ma'aikatan wurin suka ce sai Maraɗi. Duk tsawon hanyar nan kansa yana bisa cinyata, motar tana girgiza mu, ina kiran sunansa don kada ya yi shiru. Ban taɓa jin tsoro da haushi sun haɗu mini wuri ɗaya irin na ranar ba. Ina roƙon Allah ya bar mini shi, ina kuma ji kamar in kwaɗa masa mari.

Jinina aka ɗiba aka sa masa. Da ya farfaɗo likita ya tambaye shi me ya sa ya bar magani, sai ya juya fuska bango. Ni na ba da amsa. Na tambayi likitan game da mastaki, ya ce in na gaskiya ne, ɗan taunawa ba laifi, yana iya sanyaya ciki ya gyara baki, amma gyambon da ya kai ga zubar jini ya wuce nan. Wallahi kamar ke nake saurare.

Da muka dawo na je wajen mai lasifikar. Ko gezau bai yi ba. Ya ce, “Hajiya, ni na tilasta mashi? Magani ai dace ne.” Mutanen da ke tsaye suka ce in yi haƙuri, neman abincinsa yake. A gabana wata mata daga Sabon Maci ta saya wa mijinta mai ciwon suga. Na riƙe hannunta na ba ta labarin Yaya tun daga farko. Ta saurare ni tsaf, ta ce Allah ya ƙara sauƙi, ta ƙulle ƙaron a bakin zanenta ta wuce. Na juya na dawo gida.

Yanzu Yaya yana gida. Ya rame, rigunansa sun yi masa yawa, Hajara tana tsaye a kansa sai ya haɗiye magani take matsawa. Amma shekaranjiya na shiga na ji yana gaya wa masu dubiya wai ba don ƙaron nan ya fara fasa ciwon ba, da likitoci ba su iya komai ba. Na ajiye kwanon kunun da na kawo, na faɗa masa maganganu a gaban baƙinsa, na fita ban yi sallama ba.

Yau da safe sai ga shi a ƙofata yana dogara sanda. Ya zauna bisa tabarma. Can ya ce, “Rakiya, jibi za ni Maraɗi awo. Ki raka ni, ban son in shiga wajen likitan nan ni kaɗai.” Na ce to. Da ya tashi tafiya ya tsaya a bakin ƙofa, ya ce, “Amma ki rage faɗa. Inna ba ta taɓa ɗaga mani murya ba.”

Gaskiyarsa ce, shi ya sa da ya fita na yi kuka. Ke magana ɗaya kike yi a hankali, kina tsince wake, gida duka ya ji. Ni na gaji saninki amma ban gaji bakinki ba. Ina ta ihu a kasuwa da cikin gida, kowa yana ba ni haƙuri yana wucewa. Na yi kewarki, Innata. Na gaji da zama babba a gidan da ni ce ƙarama.

Allah ya haskaka kabarinki, ya yalwata miki shi, ya haɗa ki da Baba a gidan rahama. Allah ya ba Yaya lafiya, ya tsare mijin matar nan ta Sabon Maci da ban ma san sunansa ba. Ni kuma ya sanyaya mini harshe, ko a ji ni.

Taki har kullum,
autarki, Rakiya
Dakoro